Kwamfutar da na aika Kontagora ta zama bebiya: bayani kan fayilolin DLL masu fitar da sauti

Duk wanda ya kwana biyu a Legas ya san irin wannan saƙon. Da zarar 'yan gida sun ji kana kusa da Ikeja, to ka zama wakilinsu a Computer Village: wannan waya yake so, wancan laftof, wani kuma firinta. Ni nawa saƙon daga wajen ƙanena ya zo. Yana da ɗan shago a Kontagora inda yake tura wa mutane waƙoƙi da wa'azi da finafinai a memori, da yamma kuma samari su taru su buga ƙwallo a allo. Kwamfutar tebur yake so, tokumbo, irin ta ofis ɗin nan mai ƙwari. Na saya, aka kunna ta a gabana, na ji sauti raɗau da kunnena, aka naɗe ta a kwali na kai tasha. Ta bi ta Badun da Ilori, ta haye Jebba, ta wuce Mokwa, ta sauka Kontagora lafiya lau.

Wata biyu tana aiki ba ko tari. Ranar nan aka ɗauke wuta tana tsakiyar sabunta kanta, daga nan ta ƙi tashi. Ya kai ta wajen wani mai gyara, aka yi mata fomat, aka ɗora sabon Windows. Ta tashi kam, hoto tangaran, amma ko tsit. Da daddare sai ga waya: "Yaya, kwamfutar nan fa ta zama bebiya." Kafin ya kira ni har ya sayi sababbin sifiku, a zatonsa tsofaffin ne suka ƙone. Mai turin waƙa kuwa in ba sauti kasuwa ta tsaya, domin ba wanda zai ba ka memorinsa da kuɗinsa bai ji abin da za ka zuba masa ba.

Abin da ya biyo baya ya ci mana kusan mako uku da kuɗin da bai kamata a kashe ba, kuma duk a kan wasu ƙananan fayiloli ne da sunansu ke ƙarewa da haruffa uku: DLL. Na san da yawa daga cikin masu karanta mu sun taɓa cin karo da su, ko a shagon buga takardu a Agege, ko a situdiyo a Sabon Badun, ko a gidan gem a Shagamu. Shi ya sa na ga ya dace a warware zancen.

Mene ne fayil ɗin DLL?

Haruffan uku taƙaitawar wasu kalmomin Turanci ne, ma'anarsu dai ita ce ma'ajiyar umarni wadda manhaja ke jingina da ita a lokacin da take aiki. Ɗauki misalin injin markaɗe na unguwa. Gida ɗari na dafa miya, amma ba kowane gida ke da injinsa ba. Kowa na aika yaro da roba wajen mai inji ɗaya, a markaɗa a dawo. Haka manhajojin kwamfuta suke. Mai kunna waƙa, da burauza, da gem ɗin ƙwallo, da manhajar situdiyo, dukkansu suna buƙatar fitar da sauti, amma wanda ya rubuta kowace ɗaya bai zauna ya rubuta yadda ake magana da sifika daga tushe ba. Akwai fayilolin da aka riga aka tanada don wannan aikin, manhaja sai dai ta kira su da suna ta miƙa musu abin da take so a ji.

Dabarar tsohuwa ce, tana nan tun farkon Windows a shekarun 1980, lokacin da wurin ajiya a kwamfuta ke da tsada ƙwarai. Amfaninta biyu ne: ba a cika kwamfuta da kwafi ɗari na abu ɗaya, kuma in an gano kuskure a gyara wuri ɗaya kowa ya amfana. Illarta ma daga nan take. Ranar da mai inji bai fito ba, unguwa duka ba miya. Kuma injin markaɗen kayan miya daban, na niƙan dawa daban. In manhaja ta nemi wani fayil da sunansa da lambarsa, ba ta karɓar ɗan'uwansa ko da sun yi kama.

Kafin waƙar da ke cikin kwamfuta ta iso kunnenka, tana bin zango-zango. A cikin kwamfuta ba murya take ba, lambobi ne tsagwaronsu. A faifan CD, misali, kowace daƙiƙa ɗaya ta sauti an yanka ta gida 44,100, kowane yanki da lambarsa. Fayil ɗin MP3 kuma waɗannan lambobin ne aka matse don su rage nauyi. Zangon farko, wani DLL ya warware matsin. Na biyu, manhajar ta miƙa sautin ga ɗaya daga cikin fayilolin fitarwa na Windows. Na uku, Windows ya haɗa shi da duk wani sauti da ke tashi a lokacin, kamar ƙarar shigowar saƙo ko bidiyon da ke buɗe a burauza, ya dama su wuri ɗaya. Na huɗu, direba, wato manhajar da ta san harshen ɗan aisin sautin da ke manne a bod ɗin kwamfutar. A yawancin kwamfutocin ofis da ke shigo mana na kamfanin Realtek ne na ƙasar Taiwan. Aisin shi ke mayar da lambobi su zama wutar lantarki mai kaɗawa, ta fita ta koriyar kafar nan, ta shiga sifika. Ko'ina aka samu tangarɗa a wannan hanya sakamakon ɗaya ne a kunnen mai shago: shiru. Amma maganin kowane zango daban ne, kuma a nan ne kuɗin mutane ke zurarewa.

Fayilolin zango na biyu ba guda ɗaya ba ne, domin kowane zamani ya zo da nasa, kuma Microsoft ba ya cika zubar da tsofaffin saboda tsofaffin manhajoji. Akwai winmm.dll, dattijon cikinsu, wanda tsarinsa ya samo asali tun 1991. Akwai dsound.dll da ya zo da DirectX a 1995 domin masu gem. Sai Windows Vista, wanda ya shiga kasuwa a Janairun 2007, ya rushe ginin sautin gaba ɗaya ya sake sabo, ya kawo su mmdevapi.dll da audioses.dll da audioeng.dll. Tun daga lokacin ne kake iya rage ƙarar manhaja ɗaya ka bar ta wata. In ka taɓa buɗe Task Manager ka ga wani abu wai shi audiodg.exe yana aiki, kar ka kashe shi da sunan bairos; shi ne mai dama sautukan nan. Duk waɗannan da na lissafa tare da Windows suke zuwa, suna zaune a foldar System32. In ɗayansu ya ɓace, to Windows ɗin ne kansa ya samu rauni, ko kuma tun asali gurgu aka ɗora maka.

Wannan na biyun shi ya samu ƙanena. Akwai wasu kwafin Windows da ke yawo a filashin masu gyara, waɗanda wasu mutane a intanet suka yi wa kwaskwarima, suka ciccire abubuwa don wai ya yi sauƙi a tsohuwar kwamfuta. Yana saurin hawa, yana saurin tashi, mai gyara ya sallame ka cikin awa ɗaya. Sai ka je gida ka tarar an cire har da abin da sana'arka ta dogara a kai. Ni dai a ganina duk mai gyaran da zai ɗora wa mai turin waƙa irin wannan Windows ɗin bai tambaye shi aikin da yake yi ba, bai yi masa adalci ba, ko da kuwa bai karɓi ko sisi ba.

Akwai kuma wani tarko da ya shafi masu sayen tokumbon Turai musamman. A watan Maris na 2004 Hukumar Tarayyar Turai ta ci tarar Microsoft Yuro miliyan 497, ta kuma tilasta masa fitar da Windows wanda babu Windows Media Player a cikinsa, don kada ya danne sauran masu yin manhajar kunna waƙa. Daga nan aka samu nau'in da ke da harafin N a ƙarshen sunansa, kamar Windows 10 Pro N. Halastacce ne, ba jabu ba, amma an zare masa fayilolin sauti da bidiyo da dama, ciki har da mfplat.dll. Sai ka ga wata manhaja ta ƙi buɗewa, ko saƙon murya ya ƙi kunnuwa, alhali sifika lafiyarta ƙalau. Maganinsa kyauta ne: wani ƙunshi na Microsoft mai suna Media Feature Pack. Shari'ar da aka yi a Turai tun 2004, ga ta tana hana wani bawan Allah ciniki a bakin kasuwar Kontagora.

Inda aka yi gudun gara aka faɗa gidan zago

Mu koma shago. Bayan kwana biyu muna waya, wani abokin ƙanena ya samo direban sauti ya saka, waƙa ta fara fita a VLC. Murna ta kama kowa. Da yamma samari suka zo buga ƙwallo, aka danna gem, sai ga ɗan akwati a allo da Turanci yana cewa ba za a iya ci gaba ba saboda ba a samu X3DAudio1_7.dll ba.

Me ya sa VLC ya yi magana gem ya ƙi? VLC, wanda ɗaliban wata makarantar injiniya a Faransa suka faro a 1996, da guzurinsa yake tafiya. In ka leƙa foldarsa za ka ga libvlc.dll da libvlccore.dll da wata folda cike da ƙananan DLL, masu warware kusan kowane irin matsi da masu fitar da sauti ta hanyoyi daban-daban. Kamar matar da ta sayi nata ɗan injin markaɗen ce, ba ruwanta da layin unguwa. Gem kuwa ya dogara ne da wasu fayilolin DirectX na shekarun baya, irin su X3DAudio1_7.dll da XAudio2_7.dll, waɗanda zubinsu na ƙarshe ya fito a 2010. Windows 8 ya zo da XAudio2_8.dll, Windows 10 ya zo da XAudio2_9.dll, amma ba su ɗauko na 7 ɗin ba. Sau da yawa za ka ji mai gyara na cewa, "Ai DirectX 12 ne a kai, ya fi wanda gem ɗin ke nema." Lambar ta fi girma, gaskiya ne, sai dai gem ɗin sunan fayil ya kira, kuma mai wannan sunan ba ya gidan.

Ƙanena ya yi abin da kusan kowa ke yi. Ya rubuta sunan fayil ɗin a Google, shafuka suka fito rututu, kowanne da ƙaton koren maɓalli. Ya sauke ɗaya, ya jefa a System32 kamar yadda wani bidiyo ya nuna masa. Saƙon farko ya tafi, wani ya maye gurbinsa, mai lamba 0xc000007b.

Wannan lambar tana yawan fitowa ne idan aka haɗa manhaja da DLL da ba awonsu ɗaya ba. Manhajoji iri biyu ne, masu bit 32 da masu bit 64, kuma kowane DLL an gina shi ne don ɗaya daga ciki. Manhaja mai 32 ba ta iya ɗaukar DLL mai 64, haka ma akasin haka, ko da sunan fayil ɗin iri ɗaya ne harafi da harafi. Abin da ke ƙara rikita mutane shi ne yadda Microsoft ya raɗa wa foldojin suna. A Windows mai bit 64, foldar System32 ita ce gidan fayiloli masu 64, ita kuwa SysWOW64 gidan masu 32 ce. Ka sake karantawa, ba kuskuren rubutu ba ne. Duk wanda ya bi hankalinsa ya dubi lambar da ke jikin sunan folda, a baibai zai saka. Ga shi kuma wasu fayilolin, kamar XAudio2_7.dll, ajiye su a folda kawai bai isa ba, sai an yi musu rajista a cikin Windows kafin gem ya gan su.

Da abin ya ƙi, sai ya koma shafin, ya sauke wata manhaja da ta yi alkawarin gyara duk DLL ɗin da ya ɓace da dannawa ɗaya. Washegari kwamfuta ta yi nauyi, tallace-tallace na faɗowa da kansu. Kwana uku bayan nan wata mata ta dawo da memorinta tana faɗa: hotunan bikin 'yarta duk sun koma wasu 'yan alamomi masu kibiya, ba ɗaya da ke buɗewa. Kafin a farga memori nawa ne suka shiga kwamfutar suka fita, Allah kaɗai ya sani. A gari irin Kontagora, inda mutanen ƙauyukan Mariga da Rijau da Magama ke shigowa cin kasuwa su biya a zuba musu abin saurare, labarin shagon da ke lalata memori ya fi mai shagon saurin tafiya.

Dole a fahimci wani abu a nan. DLL ba kamar hoto ko waƙa ba ne da za ka buɗe ka duba ka rufe. Umarni ne da kwamfuta ke zartarwa. Manhajar da ta kira shi ta ba shi duk ikon da take da shi: in tana iya karanta fayilolinka shi ma zai iya, in tana iya shiga intanet shi ma haka. Mu mazauna kudu mun san ƙa'idar zango: baƙo ba ya sauka sai ta hannun maigidan da zai tsaya masa, in wani abu ya ɓace a san wanda za a riƙe. Fayil ɗin da ka tsinto a shafin da ba ka san mai shi ba, baƙo ne da ka ba makullin ɗaki ba tare da kowa ya tsaya masa ba. Ɓarayin intanet kuma suna son wannan ƙofar, domin a mafi yawan lokuta Windows kan fara duba foldar manhajar kanta kafin ya duba nasa ma'ajin. In an ajiye gurɓataccen fayil mai sunan na gaskiya a wurin, shi za a fara ɗauka. Manyan kamfanoni ma abin bai bar su ba. A watan Maris na 2023 aka gano cewa manhajar kiran waya ta kamfanin 3CX, wadda ofisoshi da yawa a duniya ke amfani da ita a kwamfuta, an cusa mata muguwar lamba a cikin ffmpeg.dll, fayil ɗin da ke sarrafa sauti da bidiyo. Wannan fa ta hanyar kamfanin kansa ta iso wa mutane. To ina ga wanda aka tsinta a bakin hanya?

Yadda ake gane zangon da ya lalace

Kafin a taɓa kowane fayil, a dubi ɗan hoton sifikar da ke ƙasan allo ta hannun dama. In akwai jan kuros a jikinsa, Windows bai ga na'urar sauti ba ke nan: ko direba babu, ko ba a soka komai a kafar ba. A buɗe Device Manager, in an ga alamar motsin rai mai ruwan ɗorawa a kan wani abu, direba ne. Direban kuma a shafin kamfanin da ya ƙera kwamfutar ake ɗaukar sa, HP ko Dell ko Lenovo, da lambar samfurin da ke manne a jikin akwatin.

In kuwa babu jan kuros, ka kunna waƙa ka ga koren layin ma'aunin sauti na hawa yana sauka amma kunne bai ji komai ba, to fayiloli sun gama aikinsu, matsalar daga nan zuwa waje take. Wataƙila wayar sifika na cikin shuɗiyar kafa ko mai ruwan hoda maimakon koriya. Wataƙila kafar gaba ta sha ƙurar hunturu, a gwada ta baya. Ko kuma, wanda ya fi yawa yanzu, an haɗa allo da wayar HDMI, Windows ya karkatar da sautin can, allon kuma ba shi da sifika. Wannan dannawa biyu ne a zaɓi inda sauti zai fita, amma na san wanda ya biya kuɗin gyara a kai.

Sai idan sauti na fita a wasu manhajoji, wata guda ta ƙi, ko ta ambaci sunan fayil, sannan ake zancen DLL. Nan ma tambayar ita ce: fayil ɗin ɗan wane gida ne? Domin kowane DLL da ƙunshin da yake zuwa a ciki, kuma ƙunshin ake sakawa gaba ɗaya, shi zai ajiye mai 32 da mai 64 kowanne a mazauninsa, ya yi rajistar da ta kamata. In sunan ya fara da X3DAudio ko XAudio2 ko XAPOFX, har da xinput1_3.dll na hannun gem, gidansu ɗaya: DirectX End-User Runtimes na watan Yunin 2010, a shafin Microsoft, nauyinsa bai kai megabayit 100 ba. Ana warware shi a wata folda, a danna DXSETUP. Sau da yawa ma yana nan cikin foldar gem ɗin, a wata ƙaramar folda mai suna Redist ko DirectX, ba wanda ya kula da ita. In OpenAL32.dll ne, nasa mai sakawar oalinst sunansa, shi ma yakan zo tare da gem. In msvcp140.dll ne ko vcruntime140.dll, waɗannan ba na sauti ba ne amma manhajojin situdiyo na yawan nemansu, gidansu Visual C++ Redistributable, kuma gara a saka na 32 da na 64 duka.

In kuwa wanda ya ɓace ɗan gidan Windows ne, kamar dsound.dll ko winmm.dll ko mmdevapi.dll, a buɗe Command Prompt da ikon mai gida, wato Run as administrator, a rubuta sfc /scannow. Windows zai bi fayilolinsa ɗaya bayan ɗaya ya maye gurbin wanda ya lalace. Irin wannan lalacewar ɗaukewar wuta ana tsakiyar rubutu na kawo ta, shi ya sa ƙaramin UPS, ko da mai riƙe minti goma ne, ya fi sabuwar sifika amfani a shago. Abin dariya ne a ce jihar da ke da Kainji da Shiroro da Zungeru ce ake ba wannan shawara, amma haka abin yake. Idan Windows ɗin irin wanda aka yi wa kwaskwarima ne, umarnin ba lallai ya samu inda zai ɗauko na gaskiya ba. Sai dai a sake ɗora cikakke.

Masu situdiyo nasu ya ɗan bambanta. Hanyar Windows ta dama sautuka tana kawo ɗan jinkiri, wanda mai sauraron waƙa ba zai lura ba, amma mawaƙin da ke jin muryarsa a kunne tana zuwa a makare ba zai iya rerawa ba. Saboda haka kamfanin Steinberg na Jamus, masu Cubase, suka fito da ASIO, hanyar da ke tsallake layin ta tafi kai tsaye wajen na'urar. Wanda ba shi da akwatin sauti na musamman yakan yi amfani da ASIO4ALL. Halinsa shi ne in ya kama na'urar ba ya son tarayya: FL Studio na buɗe, YouTube ya yi shiru, ko kuma burauza ta riga ta kama, FL Studio ya rasa murya. Ba abin da ya ɓace, rufe ɗayan kawai za a yi. Su ma kayan kiɗan da ake ƙarawa, filogin na VST2, fayilolin DLL ne, kuma dokar 32 da 64 na kansu. Tun daga Cubase 9 na 2016 ba ya karɓar masu 32 sam. Masu naɗar karatu da wa'azi da Audacity kuma, waɗanda suka saba farautar lame_enc.dll kafin su iya fitar da MP3, su huta: haƙƙin mallakar MP3 ya ƙare a 2017, kuma tun zubi na 2.3.2 a 2019 Audacity da abinsa yake zuwa. In har yanzu naka na tambayar wannan fayil, tsoho ne, sabunta shi.

Ba Windows kaɗai ke da wannan tsari ba. A Linux sunan irin waɗannan fayiloli da .so yake ƙarewa, babban na sauti shi ne libasound.so.2, a kwamfutar Apple kuma .dylib. Bambancin Linux shi ne kowane nau'insa yana da rumbunsa na hukuma inda ake ɗauko yawancin ƙunshi, ba a cika yawon shafuka ba. Na kawo zancen ne don Microsoft ya daina tallafa wa Windows 7 tun 14 ga Janairun 2020, Windows 10 kuma ranar 14 ga Oktoban 2025, alhali tokumbo da yawa da ke kasuwa ba su cika sharuɗɗan Windows 11 ba. Mai buga takardu da kunna karatu zai iya duba wannan hanyar. Mai gidan gem da mai situdiyo kuwa da wuya su rabu da Windows.

Ga mu da ke saye a Ikeja ko Alaba muna aikawa gida, akwai aikin minti ashirin da da na yi shi da duk wannan bai faru ba. Tun kwamfutar na gaban mai sayarwa, sauti na fita, a gwada kafar gaba da ta baya. A shiga Settings, System, About, a duba ko bit 64 ce, a duba ko akwai N a sunan Windows ɗin. A soka filashi, a buɗe folda a ciki mai suna direbobi, sannan a Command Prompt da ikon mai gida a rubuta dism /online /export-driver /destination:E:\direbobi, in harafin filashin E ne. Wannan zai kwashe direbobin da aka ƙara wa kwamfutar ya zuba a filashin. A ƙara da ƙunshin DirectX na 2010, da Visual C++, da VLC, kowanne daga shafin masu shi. A nan Legas saukewar ba ta ɗaukar lokaci. A can kuwa datar da ƙaninka zai ƙona yana nema ta isa cinikin yini.

Tamu dai sai da aka sake fomat na biyu. Wannan karon na sa aka nemo cikakken Windows, na tura masa lambar samfurin ya ɗauko direba daga shafin kamfanin, ya saka ƙunshin DirectX, gem ya buɗe da ihun 'yan kallo har maƙwabta na leƙowa. Hotunan matar nan ma an same su, ashe bairos ɗin ɓoye su ya yi bai goge ba, sai dai ita ba ta sake kawo memorinta shagon ba. Sifikun da ya saya a banza suna nan a kan kanta, ya ce in na zo da sallah in taho da su Legas ko za a samu mai saye. Filashin kuwa ya ɗaure shi da zare a bayan akwatin kwamfutar, ya rubuta a jikin takarda da jan biro: kar a ara.